Lauya Meinrad Sutter, Wanda Kujera Ta Ƙi Saki

Haihuwa da karatu

An haifi Meinrad Sutter a shekarar 1858 a wani ƙauye da ke gefen Appenzell. Mahaifinsa Jakob mai yin cuku ne, mahaifiyarsa Babette kuwa surfani take yi, bakinta ya fi allurarta kaifi. A 1878 aka tura shi Basel karatun shari'a, ya dawo da takardar lauya da kuma wata lalura: ba ya wuce ruɓaɓɓen kututture sai ya durƙusa ya leƙa naman kazan da ya tsiro a jikinsa, wato laimar kwaɗi, ko da kuwa alƙali na jiransa.

Aure

A 1886 ya auri Verena, 'yar mai gidan burodi, wadda ta sha gaya mana cewa tun tana amarya ba ta da sauran faranti, kowanne an kife shi a kan wata laimar kwaɗi.

Siyasa

A taron shekara na 1891, maza sun cika dandali kowa da takobinsa, alamar 'yancinsa na zaɓe, mu mata muna leƙe ta taga, aka ɗaga hannu aka ba shi kujera a majalisa. A dokarmu wanda aka zaɓa ba shi da ikon ƙi. Shi kuwa burinsa ɗaya ne, ya gama littafinsa a kan naman kazan duwatsunmu tun ƙafarsa na iya hawa. Kowace shekara sai ya roƙi a sallame shi, kowace shekara a hana. A majalisa ba ya zama, daga taga sai ƙofa, musamman in an yi ruwa, lokacin tsirowar naman kaza.

A 1904 ya yi dabara. Ya hau dandamali ya zare takobin kakansa, ga takobin caɓa-caɓa da taɓo.

"Jama'a, tonon ƙasa nake yi da shi. Mai wulaƙanta takobi bai cancanci kujera ba. Ku sake ni."

Sai wani tsohon mahauci, Bisch, ya ce daga baya, "Lauya, wanda hankalinsa ke daji ba shi da lokacin cutarmu. Koma ka zauna."

Hannuwan da suka tashi ran nan sun fi na kullum.

Tsufa da rasuwa

Sai a 1923 shekarunsa suka kai na sallama, aka gode masa da jawabi mai tsawo. A lokacin gwiwoyinsa sun ƙi, ko matakalar gidansa sai an riƙe shi. Verena ta ce yakan sa takalmin hawa ya yini a bakin ƙofa yana masifa. Littafin ya tsaya a rabi.

Ya rasu a watan Satumba na 1925, aka binne shi a maƙabartar cocin ƙauyensu. Ya bar matarsa da 'ya'ya uku: Klara, da ke aure a St. Gallen, Emil, wanda ya tafi Amurka bai ko rubuto wasiƙa ba, da autansu Albin, mai son kiwon zuma, wanda aka ɗaga wa hannu aka ba shi kujera a taron da ya biyo baya, yana tsaye yana roƙon a bar shi.