Ƙwarin Surukina a Tukunyar Yakuwa

Ko na manta shekaruna, ba zan manta ranar da na kusa kashe wa surukina ƙwarinsa ba.

Wankan jego ne ya kai ni London, flat ɗin 'yata a Thamesmead. Mijinta likita ne, mutum mai hankali, amma kiwon ƙwari yake yi. Manya-manya, na ƙasashen zafi, wani har da ƙaho. Ayabar da ni ban ƙoshi da ita ba, ita yake ba su. Ban taɓa tambayarsa komai ba. Wa ke tsayawa surutu da suruki?

Wata safiya ina shara, na ga roba cike da baƙar ƙasa da ruɓaɓɓen ganye, ba ƙwaro ko ɗaya. Na ce ga taki ana wulaƙantawa. Na juye a tukwanen yakuwata a baranda, cikin sanyin nan mai shiga ƙashi. Akwai wasu dunƙule-dunƙule kamar ƙwan agwagwa, na ɗauka hoge ne. Allah ya so ban farfasa ba.

Da ya dawo aiki ya ga roba a wanke a kife, sai ya durƙusa ya gaishe ni kamar kullum. Kunya ta hana shi tambayata. 'Yata ce ta fito da jaririya a kafaɗa.

"Inna, ina ƙasar? 'Ya'yan ƙwarin ne a dunƙulen nan, shekara biyu yana renonsu. Sanyi zai kashe su!"

Muka ruga baranda. Ni da mutumin da ban taɓa haɗa ido da shi ba, muka zube muna tono da hannu, kai na karo da kai. Duk wanda na tono sai in cusa a zanina ya ji ɗumi. Bakwai muka samu.

Biyu sun mutu, sauran muka mayar cikin roba. Na yi makonni ina zagaya robar kamar mai jiran naƙuda. Rannan ya tsaya bakin ƙofata ya ce, "Hajiya, ko za a leƙo?" Na leƙa. Ga wani ƙato ya fasa dunƙulensa, baya na sheƙi, ya kusa cika tafin hannuna. Wallahi guɗa na rangaɗa, har jaririya ta farka. Ni na ba shi ayabar farko.

Kunyar suruki tana da kyau, har yau ina yin ta. Amma abin da ban sani ba a gidan wani, yanzu sai na buɗe baki na tambaya kafin in sa hannu.