Tabaraun Sai-Haƙuri

Maƙwabcinmu Sai-Haƙuri bai taɓa karatun likita ba, allura ma tsoronta yake ji. Amma duk mai kallon fim ya san shi da farar riga da abin awon ƙirji a wuya.

Da can tabarau yake sayarwa a bakin titi. Wata rana masu shirya fim suka zo aro, wai likitansu bai yi kama da likita ba. Ya ce shi kayansa ba sa zuwa ko'ina sai da shi. Da aka isa wurin, tabarau ya ƙi zama a hancin ɗan wasan, sai zamewa yake. Darakta ya dubi hancin mai kaya, ya ce a ba shi rigar.

Aikin ba wuya. Ya turo ƙofa, ya tsaya, ya cire tabarau a hankali, ya girgiza kai, ya ce, "Sai haƙuri." Daga nan kyamara ta koma kan masu kuka, shi kuma ya je ya ci abinci. Haka ya yi ta yi har kansa ya yi fari kamar rigar. Akwai jarumin da ya yi ta mutuwa a hannunsa har suka zama aminai.

A unguwa ana son sa, sai dai ba a cika son ya zo dubiya ba. In ya nufi gidan mara lafiya, a bakin ƙofa ake tare shi a ce yanzun nan barci ya ɗauke shi. Wani tsoho mai ciwon ƙafa ya taɓa hango shi ta taga, nan take ya miƙe ya ce ya ji sauƙi. Ko a shagon aski, in ya cire tabarau, sai wurin ya yi tsit.

Abin yana damun sa, ko da yake ba mai yawan magana ba ne. Burinsa ɗaya: ya fito daga ƙofa da labari mai daɗi. Ya roƙi darakta ya bar masa mara lafiya ko guda ya rayu. Darakta ya yarda. Aka kunna fitilu, ya fito ya ce, "Ya farfaɗo!" Bakin ya yi daidai, amma hannu ya riga ya cire tabarau, kai kuma yana ta girgiza. Masu kuka suka rasa wanda za su bi. Aka mayar da mara lafiyan inda aka saba kai shi.

Ana nan, autarsa ta fara naƙuda, aka kai ta asibiti. A kan benci ga matarsa, ga mijin yarinyar, ga uwar mijin. Sai-Haƙuri ya zagaya ya sami ungozoma, ya ce in an sauka lafiya, don Allah ta bar shi ya kai labari.

"Kai, Baba?" in ji ta. "So kake a kwantar mana da mutum uku?"

"'Yata, sau ɗaya ne."

Ta tsayar da shi a lungun bayan ƙofa. Matarsa ta biyo shi, ta ce, "Malam, ka zuba hannuwan nan a aljihu. Wuyan kuma ka riƙe shi kamar ka ɗauko ruwa a ka." Sannan ta koma kan benci.

Can sai ga kukan jaririya. Ungozoma ta leƙo ta ce mace ce, uwa da 'ya lafiya lau. Hawaye suka zubo masa, tabarau ya yi hazo, bai ganin komai. Hannu ya fara tasowa, ya danne shi a aljihu. Ya tura ƙofa da kafaɗa.

Uwar mijin na ganin wanda ya fito ta dafe ƙirji. "Wayyo, shi suka turo!"

Shi kuwa ya taho a sandare, ya wuce bencinsu, ya tsaya gaban wani dogon abu da ke jingine da bango, ya buɗe murya: "Albishirinku! Mun sami mace!"

Tsintsiyar masu shara ce.

"Muna nan bayanka, Malam," in ji matarsa. "Mun ji."

Mijin yarinyar ya rungume shi. Uwar mijin tana dariya tana share hawaye, ta ce, "To goge idonka mana, Likita."

"A'a," in ji shi. "Sai mun fita waje."

Har yanzu yana sallamar mutane a fim, darakta bai sake ba shi mai rai ba. Amma da yamma, in ya zauna a ƙofar gida da jikar a cinyarsa, takan miƙa hannu ta fizge tabarau, ta ƙyalƙyale da dariya. Shi kuma sai ya karɓa ya mayar, ya miƙa mata fuska.