Wanda Ke Cikin Makara Na Yafe Wa

Ranar Talata ce, lokacin cirar albasa. Ƙarfe bakwai na safe na dama koko, na zuba a kwano mai murfi, na bi Baba garka. Garkarmu tana bakin rafi, ƙasa da Burumburum. Tun da aurena ya mutu na dawo gida, ni ke kai masa karin kumallo. Ni kaɗai Allah ya bar masa. Inna ta daɗe da rasuwa.

Bakwai da rabi na ji injin ban ruwa ya tsaya. Sai muryar Baffa Sale, ƙanin Baba, uwa ɗaya uba ɗaya. Shekara biyu suna jan magana a kan kunya biyu ta shuka da ke iyakar garkarmu da tasa. Kunya biyu fa!

Ban ji zagi ba. Ƙara ɗaya na ji, kamar an fasa kabewa. Da na ɓullo ta bayan masara, Baba na kife a hanyar ruwa, fartanya a hannun Baffa. Ya sake ɗagawa. Sau uku na ƙirga. Sannan ya waiwayo.

"Tsaya nan, Hajara!"

Na yar da kwanon na faɗa cikin rake. Ganye na yankar fuskata. Takalmi ɗaya ya maƙale a taɓo, na bar shi. Ƙarfe tara na fito titi. Wata motar tumatir ta ɗauke ni zuwa Tudun Wada, na faɗa wa 'yan sanda da bakina.

Washegari da hantsi aka ba mu gawa. Aka yi masa sutura, aka kira mata mu yi sallama da shi. Goggo Abu, yayar Baba da Baffa, ta dafa kafaɗata ta ce, "Ki yafe masa, 'yar nan." Haka ake yi wa kowane mamaci. Na durƙusa gaban makara na ce na yafe, duniya da lahira.

Bayan sadakar bakwai dangi suka zauna. Wai a rufa asirin gida, in ce faɗuwa ya yi kan inji. Na ƙi. Rana ta takwas, da tsakar rana, aka watso min kayana ƙofar gida. Na ƙulle su a zani na tafi Kiru, wurin dangin Inna.

Na ba da shaida. Kotu ta yanke wa Baffa hukuncin kisa. Ya ɗaukaka ƙara. Lauyansa ya zo da rantsuwar Goggo, wai ni, magajiyar mamaci, na yafe jini a gaban mata cike da ɗaki. A shari'a kuwa, idan magaji ya yafe, kisa ya faɗi. Ashe "masa" ɗin Goggo tarko ne, a kan gawar ƙaninta ta ɗana min shi. Wallahi wannan ya ƙona min rai kusan kamar fartanyar.

Alƙalai suka sa a kira ni. Ƙarfe goma na shiga. Fanka na ƙara, Goggo ta sunkuyar da kai. Aka tambaye ni ko na furta kalmar. Na ce na furta. Lauya har ya fara tattara takardu.

Na ce, "Allah ya gafarta Malam, a tambayi Goggo wa ke cikin makara a lokacin. Shi na yafe wa. Wanda ya sa shi ciki ban yafe masa ba, kuma ba zan yafe ba."

Aka tambaye ta sau biyu. Ba ta ɗago ba. Hukunci ya tabbata.

Ban yi guɗa ba. Baba ya tafi. Baffa, wanda ya ɗauke ni a wuya zuwa kallon Sallah, yana jiran ranarsa. Garka ta zama ciyawa, har da kunya biyun. Dangin ubana ba mai gaishe ni. Jiya wata maƙwabciya ta taka min ƙafa a bakin famfo, ta ce in yafe mata. Na buɗe baki, kalmar ta ƙi fitowa. Kai kawai na gyaɗa mata, na ɗauki bokitina.