Tsagar da Na Sa Aka Goge

Ƙanwata ce mai fim a gidanmu. Ni malamar makaranta ce a Dogon Dutsi, ita kuwa tana Yamai tana wani irin wasa da na daɗe ina yi wa dariya: ta tsaya a dandali, a haska fuskar wani a kan tata, ta yi magana da muryarsa. Har ƙasashen waje an kai ta. Ni dai nakan ce mata an yi asarar alli.

Bayan rasuwar Innarmu ta zo gida Dumega da kyamara, tana son fuskar Inna a sabon aikinta. Hoto ɗaya tak muke da shi, na bango. Ta sauko da shi, ta daɗe tana dubawa.

"Yaya, ina tsagar Inna?"

Inna tana da tsagar Arawa, layi biyu daga baki zuwa kunne. Ni ma an yi mini. Kafin a haifi ƙanwata an daina. A hoton kuwa kumatun Inna sumul suke kamar na jariri, kuma aikina ne. Ranar da na kai Inna ɗaukar hoto, mai hoto ya zauna gaban na'urarsa ya ce, "Madam, a gyara?" Na ce ya goge. A makarantar kwana na sha jin wai kyanwa ce ta yakushe ni, kuma ban huce ba. Da Inna ta ga hoton, dariya ta yi. "Wagga ɗiyar wa ta? Kyakkyawa da ita." Ta rataye shi, ba ta ƙara tada zancen ba.

Mun koma shagon mai hoton don neman na asali. Na'urar ta daɗe da mutuwa, cajin waya ake yi a wurin.

Ƙanwata ta ce in ara mata kumatuna. Na hau ta da faɗa, na ce ni ba abin kallon Turawa ba ce. Kwana biyu ina cika ina batsewa, rana ta uku na zauna mata. Ta ɗauki tsagata ta ɗora a hoton Inna.

Da ta gama, muka nuna wa ƙanwar Inna. Ni ina ganin fuskar na fashe da kuka, don a wurina Inna ce ta dawo. Tsohuwar ta matso da ido, ta girgiza kai.

"Tsagar Arawa ta, amma ba tata ba ta. Tata ta hagu karkatacciya ta, don ta motsa ga hannun wanzami."

Ƙanwata ta juyo. "Yaya, ta karkata sama ko ƙasa?"

Shekara arba'in ina kallon fuskar nan. Na buɗe baki, ban sani ba.