Kwana Shida Ba Waya

Shekarar da na yi ritaya daga koyarwa a Bungudu, na dawo Tudun Wada na zauna ni kaɗai a gidan da maigidana ya rasu ya bari. 'Yata tana aure a Kaduna, ɗana yana aiki a Legas.

Wata Laraba da hantsi na cire wayata daga caji, na tarar fuskarta ta yi baƙi ƙirin. Na danna, na canza caja, shiru.

Mai gyaran da na kai wa a kasuwa dattijo ne mai tabarau. Ya ɓare bayanta, ya ɗora tsinkayen mitar gwajin wuta a kan allon cikinta, mitar ta yi ƙara.

"Wuta ce ke zurarewa, Hajiya," in ji shi.

Ya shafa wani ruwa, ya ba ta wuta, ya nuna mini inda ya fara bushewa saboda zafi, ya ce nan matsalar take. Wani ɗan abu ne da bai kai ƙwayar gero ba. Ya hura masa iska mai zafi, ya ɗauke shi da hantsaki ya sa wani. Wayar ta kawo haske, ta nuna tambarinta, ta tsaya nan cak.

Ya ce, "Manhajarta ma ta lalace. Sai an yi mata filashin, a goge tsohuwar a zuba sabuwa, kuma sai na nemo wadda ta dace da ita. Hotunanki za su tafi."

Na ce su tafi. Ya naɗe mini layina a takarda na koma gida.

Ban haddace lambar kowa ba, maƙwabtana kuma baƙi ne, na ji nauyin aron waya. Kullum ina zaune a tsakar gida ina tunanin yarana suna can hankali a tashe. Ko babur ya tsaya a ƙofa, sai in ce wani suka aiko ya duba ni.

Ran Talata na koma. A gabana ya haɗa ta da kwamfuta, ya taɓa wasu ɗigo biyu a cikinta da hantsaki, wani koren layi ya yi ta tafiya har ya cika. Ta tashi. Ya sa layin, ya mayar mini da manhajar saƙo, muka jira.

Saƙo uku suka shigo. Biyu tallan kamfani ne, ɗaya gaisuwar Juma'a da ake tura wa kowa.

Dattijon ya kawar da kai. "Sabis ba kyau yau, Hajiya. Sauran za su shigo."

A bakin titi na nemo lambar 'yata da ke ajiye a kan layin, na kira ta. Ta ɗauka da fara'a, ina jin kukan jaririnta.

"Inna, wallahi tun shekaranjiya nake cewa zan kira ki. Kuna lafiya?"

Na ce lafiya lau. Na tambayi mijinta da yara, ta ce tana da girki a wuta, za ta kira anjima. Na sa wayar a jaka, na tsayar da keke napep.