Injin Baba a Garkar Komanda

Jiya da hantsi ina tsaye a bakin titi a Yamai, wata ƙatuwar mota mai baƙin gilashi ta wuce ta watsa mini ruwan kwata a zane. Jikana ya ja hannuna yana tsalle: "Kaka, ve-wit! Motar manya!" Na daka masa tsawa na ce ya rufe mini baki. Yaro ya yi sororo, bai san laifin da ya yi ba, kuma gaskiya ba shi da laifi. Yaran yanzu sun ɗauka ve-wit sunan motar masu mulki ne. Ba su san sunan inji ne mai silinda takwas ba, kuma ni a kan irinsa na koyi ƙirga tun ban shiga lakwal, wato makarantar boko, ba.

A Filinge na tashi, lokacin mulkin soja. Babana direba ne, kuma shi ke gyaran motarsa da hannunsa. Wata tsohuwar a-kori-kura ce ƙirar Amurka, irin waɗanda masu kawo agaji suka bari bayan shekarun fari, ya saye ta da aka yi gwanjonta. Ba ta da kyau ko kaɗan. Fentin ya koɗe, ƙofa ɗaya da igiya ake ɗaure ta. Amma in ya tayar da ita bayan sallar asuba, kwanonin da ke jere a ɗakin kakata sai sun yi rawa.

Da yake ni ce ta fari, ni yake ɗorawa a kan gaban motar in ya buɗe ta. Yana kama yatsana yana taɓa wayoyin buji, wato fulogi, ɗaya bayan ɗaya, huɗu a dama, huɗu a hagu. Ya ce in ɗauka turmi takwas ne da taɓarya takwas, an jingina su gida biyu kamar gwafa, suna lugude, kowace taɓarya ta san lokacin saukarta. Ya ce mutanen da can a layi ɗaya suke jera su kamar sahun sallah, sai hancin mota ya yi tsawo ba dalili, shi ya sa aka naɗe su biyu. Kuma kowace ƙasa da halin nata. Na Amurka mai ƙaton ciki ne, ba ya gaggawa, yana shan mai kamar raƙumin da ya dawo daga Azbin. Ingilishi sun kwaikwayo daga wurinsu suka yi nasu da alminiyum, ba nauyi, amma in ya yi zafi fiye da kima sai kansa ya lanƙwashe. Rasha a manyan motocin kaya suke sa nasu, kowane gurɓataccen mai ka ba shi ya haɗiye. Na Italiya kuwa bai taɓa gani ba, wani bature ne ya ce masa ba ya gurnani, ihu yake yi. Duk wannan ina ji ina haddacewa kamar karatun allo.

Motocin da suka cika tashar Filinge a lokacin 'yan Faransa ne masu turmi huɗu. Suna da kirki a kan hanya mai tauri, amma yashin dallol, busasshen kwarin da ya ratsa ƙasarmu, ba ya jin kunyarsu. Ta Baba ce ke ratsa shi da buhunan hatsi da matan kasuwa a sama har Bonkuku, ranar wata kasuwar ta nufi Damana. Mai naƙuda in ta gagara a ƙauye, ita ake aiko wa. Da ita muke ci, da ita muke sha.

Wata ranar kasuwa, Baba na dawowa ya tarar da motar komanda, wato hafsan sojan da ke riƙe da garin, ta nutse a yashi har ciki, sojoji na ta turi suna gumi. Ya sauke matan da ya ɗauko, ya ɗaura wa motar igiya, ya fisgo ta tashi ɗaya. Komanda ya yi godiya, har ya ba shi hannu. Sannan ya ce a buɗe masa gaban motar, ya tsaya ya daɗe yana kallo. Baba ya dawo gida yana ba da labari da fara'a. Kakata, mahaifiyarsa, tana kaɗi a bakin ɗakinta, ba ta ko ɗago kai ba ta ce, "Kai dai ka nuna ma kura inda rumbun nama yake."

Ba a daɗe ba sojoji biyu suka yi sallama. Komanda na gaisuwa, za shi rangadi ƙasar Imanan, yana son aron mota. Aro! A zamanin nan in babba ya ce aro, wa ya isa ya tambayi ranar mayarwa? Baba ya share kujera da hularsa, ya miƙa makulli, har yana gaya musu su riƙa duba ruwa.

Rangadi ya ƙare, mota shiru. Lokacin girbi ya wuce, aka kai hatsi rumbu, shiru. Baba ya koma yi wa wasu direbobi gyara a tasha, mutumin da jiya shi ke ba su aiki. Tuwon gidanmu ya ragu, miya ta koma tsararo. Kullum da safe sai ya sa rigarsa mai kyau ya je ya tsaya a ƙofar ofis, ya gaida masu shiga ya gaida masu fita, ya dawo. Kakata ta ce, "Ka tambaye su?" Ya ce, "Aro na, Inna. Ba a matsa ma babba." Ta ce, "Aron uwar wa? To ni in tahi." Ta ɗauki tabarma da butarta, ta je ta shimfiɗa a ƙofar ofishin ta zauna. Duk wanda ya zo wucewa sai ta ce masa ita dai jiran motar ɗanta take. Tsohuwa ce, ba wanda zai iya ɗaga ta. Mutanen gari suka fara tsayawa kallo.

Da abin ya ishe su suka maido motar. Wata mota ce ta jawo ta da igiya har ƙofar gidanmu. Muka fito da gudu muna ihun murna, maƙwabta na barka. Baba ne kaɗai bai yi murna ba, don ya ga yadda gabanta ya ɗaga sama kamar ba nauyi. Ya buɗe. Na leƙa don in ƙirga wayoyina, sai na hangi ƙasa da ƙafar Baba ta cikin ramin. Babu turmi ko ɗaya. Sojan da ya rako ta ya ce, "Tsohuwa mota tac ce, ga mota."

Ba mu sha wahalar neman inda injin yake ba. Komanda na da garka, wato lambu, a cikin dallol, bayan gari, inda ruwa ke kusa. Da sanyi ya shigo, wata safiya muna karyawa, sai iska ta kawo mana luguden nan. Baba ya ajiye ludayi. An ɗaure injin a kan dakalin siminti yana jan famfo. Injin da ke kai mai naƙuda asibiti, shi aka mayar mai ba albasa da tumatir ruwa.

Kullum sai mun ji shi. Baba ya daina hira da safe, sai ya zauna a kan turmin da aka kifar yana saurare. Wata rana ya ce, shi kaɗai, "Ɗaya ya mutu." Na kasa kunne, na ji luguden na ɗingishi. Bayan ɗan lokaci ya ce, "Saura shida." Ya rame. Kakata ta ce, "Alhamdu lillahi, Allah ya sa shi hwashe musu." Mu duka muka ce amin, ban da shi.

Ranar wata Juma'a da sassafe muka ga ya ɗauko akwatin sufanunsa da sababbin buji da ya karɓo a tasha. Kakata ta tare ƙofa. "Ina za ka?" Ya ce, "Garka." Ta ce, "Sun aiko?" Ya ce a'a. Ta ce, "Ɓarawo ya ɗauke maka jaki, kai kuma ka bi shi da dusa? Wane irin ɗa na haifa?" Ya sunkuyar da kai ya ce, "Inna, shi injin mi yay yi? Ba ni iya jin shi hakanga." Ta kauce. Ban taɓa ganin kakata ta yi kuka ba sai ran nan, kuma kukan haushi ne.

Kafin azahar ya dawo, hannu baƙi ƙirin. Ba wanda ya ba shi ko ruwa a can, mai gadi ma cewa ya yi ya yi sauri kafin maigida ya zo. Ya wanke hannu da toka, ya zauna a kan turminsa. Can sai muka ji an tayar, lugude sumul ba gargada. Ya dube ni ya yi murmushi ya ce, "Ɗiyata, ƙirga." Na ƙi. Karo na farko ke nan da na ƙi yi wa babana abin da ya ce. Shi ya ƙirga da kansa, har takwas.

Sojoji sun tafi, farar hula sun zo, sun tafi, wasu sun dawo. Da bakin mutane ya buɗe, aka ce Baba ya je ya nemi kayansa. Ya tarar injin ya daɗe da ƙonewa don an bar shi ba ruwa, an sayar wa masu sayen tsohon ƙarfe. Gangar motar na nan a gidanmu na Filinge, kaji na ƙwai a inda turame suke.

Yanzu na ji an ce har Japan sun ƙware a takwas ɗin, nasu ba ya ko tari, shi ya sa ba ka jin zuwansa sai ya watsa maka ruwa. Na kira jikana da yamma na ba shi haƙuri, na ba shi labarin motar Baba, na kama yatsansa na nuna masa huɗu a dama, huɗu a hagu. Ya ce, "To ina injin yake?" Babana har ya koma ga Allah, in an yi masa wannan tambaya cewa yake, "Sun ara." Shi mai haƙuri ne, Allah ya jiƙansa. Ni ban gado shi ba. Na ce wa yaron sata suka yi.