Wa Ya Ba Ki Wuta?

A unguwar da na tashi, can bakin kogin Kaduna ta bayan Kawo, ba a tambayar mace yaushe ta zo. Abin da ake tambaya shi ne wa ya ba ta wuta. Duk matar da ta tare a sabon gida ba za ta ƙyasta ashana ba. Zama za ta yi da kayanta a ɗaure, har wata maƙwabciya ta ɗebo mata garwashi daga murhun da ta dafa wa iyalinta abinci. Da shi za ta hura tata wutar, sannan ta kwance kaya. Daga ranar ta tashi daga baƙuwa.

Kakata, mahaifiyar babana, ita ta fara zama a wurin. Ita da kakana masunta ne, daga ƙasar Yawuri suka biyo ruwa, suna yada zango suna tashi, har suka iso wannan gaɓa suka tarar da kifi ba mai kamawa. Babu kowa sai ciyawa da sauro, ga ashanarsu ta jiƙe a jirgi. Wata mata 'yar Gbagyi da ke noma a kan tudu ta hango su, ta gangaro da garwashi a tsingaro. Ba sa jin yaren juna. Kaka ta ce matar ajiyewa kawai ta yi, ta yi dariya, ta koma gonarta.

Da Nufawa suka zo da komarsu, Kaka ta ba matar gidan wuta. Banufiyar ta ba wata Bakatsiniya mai ƙuli-ƙuli, Bakatsiniya ta ba matar mai haƙar yashi, haka har gidaje suka kai ga yin masallaci. Kaka takan jero su duka in tana bandar kifi, gida bayan gida, ba ta tsallake ko da waɗanda suka yi faɗa da ita. Ni kuwa maigidanta take kirana, irin wasan kaka da jika, tana cewa ba ta taɓa ganin miji irina ba, wanda ya iya cin kifi amma yake tsoron ruwa. Gaskiyarta ce, har yau ban iya iyo ba.

Kogi yakan leƙo mana kowace damina, mu ɗaga tabarmi mu jira ya koma. Wata shekara ya shigo da gaske, ya kwantar da bangon ɗakinta. Kakana ya riga ya rasu. Babana, wanda ke aikin gwamnati, ya gama gini a Badarawa, ya ce ba zai sake barin mahaifiyarsa a bakin ruwa ba.

Kaka ta san can ba wanda ya san al'adarmu, don haka ta ce za ta ba kanta wuta. Ta zuba garwashi a kasko, ta ɗora a cinya a bayan mota, ina gefenta. Cunkoso ya riƙe mu a Kawo. Tana hurawa, direba yana tari, toka tana tashi. Kafin mu kai Badarawa babu sauran ja a kaskon. 

An ba ta ɗaki mai fanka da sabuwar katifa. Ta jingine ƙullin kayanta a bango, ta ƙi kwancewa. In an kawo abinci sai ta tsakura, ta yi wa mahaifiyata godiya irin ta baƙo, ta tambaye ni yaushe za a mayar da ita gida. Babana ya sayo gawayi ya kunna mata da kansa, ta ce ɗa ba maƙwabci ba ne. Muna kallo zanenta ya fara yi mata yawa. Na ji tsoro ƙwarai, don na san ko dai ta koma ƙarƙashin rusasshen bangon nan, ko ta ƙare a gabanmu.

Maƙwabciyarmu ma'aikaciyar jinya ce, takan shigo ta auna mata jini. Ta lura da ƙullin kayan, ta tambaye ni ko tafiya Iya za ta yi. Na ba ta labarin. Ta ce to, ta ɗauki jakarta ta fita.

Washegari da la'asar hayaƙi ya turnuƙo ta kan katanga, da ƙaurin shinkafa. Can sai ga sallamarta, idanu jawur, riƙe da murfin tukunya da garwashi a kansa. Ta durƙusa ta ajiye a gaban Kaka.

Kaka ta dubi garwashin, sannan ta ce, "Ɗiyata, wutar ga ta dafa abinci?"

"Ta dafa, Iya. Ta ma ƙona shi. Rabona da gawayi tun ina gidanmu. Yara sun ci haka nan."

Rabon da in ji dariyar Kaka tun kafin ambaliya. Ta sa yatsu ta tsince garwashin zuwa kaskonta, ta sunkuya ta hura har ya yi ja. Sai ta harare ni.

"Maigida, tashi ka kwance mini kaya. Ka zauna sai ka ce baƙo."

Ta yi shekaru a ɗakin kafin Allah ya karɓi abinsa. In tana jero gidaje takan fara da 'yar Gbagyi, ta bi su ɗaya ɗaya, ta ƙare da cewa, "Sai mai allura ta ba ni." Unguwar bakin kogi yanzu ta watse, wasu suna Hayin Banki, wasu ban san inda suke ba, kuma ina kewarta.

Bara aka kawo amarya gidan da ke kallon namu. Ina wanke mota a ƙofar gida na ga maƙwabciyarmu mai allura, furfura ta fito mata, tana tsallaka titi a hankali da murfin tukunya, tana kare shi daga iska da tafin hannu.